MATAR DA KE BAYAN NAIRA ASHIRIN
Bayani a kan Ladi Kwali da Sunayen Mata a Idon Jama'a

Takardun kuɗin ƙasar nan iri takwas ne, daga ta naira 5 zuwa ta naira 1,000. In mutum ya shimfiɗa su duka a kan tabarma ya duba gaba da baya, zai iske hotunan mutum tara waɗanda aka san su da sunayensu. Takwas daga cikinsu maza ne, watau Alhaji Sa Abubakar Tafawa Ɓalewa, da Alvan Ikoku, da Janar Murtala Muhammed, da Cif Obafemi Awolowo, da Sardaunan Sakkwato Sa Ahmadu Bello, da Dokta Nnamdi Azikiwe, da Alhaji Aliyu Mai-Bornu, da Dokta Clement Isong. Ta taran mace ce, tana bayan naira 20, ta duƙa a kan wata babbar tukunya tana aiki. Sunanta Ladi Kwali. A ƙasar da ta zama Jihar Neja ta yi yawancin aikinta, kuma a garin Minna ta rasu ranar 12 ga watan Agusta, 1984.

An shirya wannan ɗan littafi ne don a bayyana wa jama'a ko wace ce wannan mata, da yadda aka yi sunanta ya tsira alhali sunayen dubban mata masu sana'a irin tata sun ɓace, da kuma abin da ya rage a yi game da wannan al'amari.

Ganin mata da sanin sunayensu

Ba wanda zai ce ba a ganin mata a Minna. Ƙaramar Hukumar Chanchaga, wadda ita ce cibiyar babban birnin Jihar Neja, cike take da su tun daga asuba har faɗuwar rana. Akwai masu doya da masu daddawa, akwai masu man kaɗe, akwai malaman makaranta da ungozomomi da ma'aikatan ofis. Akwai kuma matan Gbagyi, waɗanda Hausawa ke kira Gwari, da a kan gane su tun daga nesa saboda a kafaɗa suke ɗaukar kaya, ba a ka ba. Su kan ce kai shi ne mazaunin hankali, bai kamata a ɗora masa nauyi ba. Masu zane da masu ɗaukar hoto sun daɗe suna sha'awar wannan ɗauka, har ta zama alamar da ake nuna ƙabilar da ita a kalanda da bangon littattafai.

Amma fa ganin mutum daban, sanin sunansa daban. Takardar naira 10 ta isa misali. Tun cikin 1979, lokacin da aka sa hoton Alvan Ikoku a gabanta, akwai 'yan matan Fulani biyu a bayanta, da ƙoren nono a kansu. Kowa ya san su, yara ma sun san su. Sai dai takardar ba ta faɗi sunan ko ɗaya daga cikinsu ba, ba ta faɗi rugarsu ba. An sa su ne su tsaya a madadin dukan matan Fulani, kamar yadda a kan sa hoton raƙumi ya tsaya a madadin hamada. Mutumin da ke gaban takardar kuwa shi kaɗai yake wakilta, da sunansa da shekarunsa da aikin da ya yi.

Haka abin yake a wurare da yawa. A kan ga mace a allon talla, da takardar rigakafi, da hoton bikin noma, amma in an zo wajen rubutu a ƙarƙashin hoton sai a ce "wata mata", ko "matan karkara". Tukunyar da ta gina a kan ce ta Gwari ce, tabarmar da ta saƙa a kan kira ta da sunan garin da aka sayo ta. Ba ƙeta ce ta kawo haka ba, sabo ne, kuma a wasu wuraren har da kunya da kawaici, domin mutanenmu ba su cika son ambaton sunan matar aure a bainar jama'a ba. Duk da haka sakamakon ɗaya ne: in matar ta rasu, aikinta ya kan koma na kowa, babu wanda zai iya cewa ga wadda ta fara shi ko ta inganta shi.

Asalin Ladi Kwali

An haifi Ladi wajen shekarar 1925 a ƙauyen Kwali, cikin ƙasar Gbagyi. A yau Kwali tana cikin Yankin Babban Birnin Tarayya, amma a wancan zamani tana ƙarƙashin Sarkin Abuja. Mai karatu ya lura, Abujar da ake nufi a nan ita ce tsohuwar Abuja ta Zage-zagi, wadda aka sauya wa suna ta koma Suleja bayan da Gwamnatin Tarayya ta ɗauki sunan ta ba sabon babban birni a 1976. Suleja tana cikin Jihar Neja har gobe. Sunan Ladi kansa bai wuce sunan rana ba, watau wadda aka haifa ranar Lahadi, sa'an nan aka haɗa da sunan ƙauyensu.

A ƙasar Gbagyi ginin tukwane sana'ar mata ce. Ladi ta koya tun tana ƙarama a hannun wata 'yar'uwar iyayenta, kamar yadda sauran 'yan mata ke koya. Ba a amfani da inji. Maginiya ta kan kwaɓa yumɓu, ta kafa gindin tukunya, sa'an nan ta riƙa murza yumɓun kamar igiya tana ɗorawa tana latsawa, tana zagaya tukunyar da ƙafa, hannu ɗaya a ciki ɗaya a waje, har bango ya tashi. Tukunya ba ta motsi, maginiya ce ke juyawa. Wanda bai taɓa gani ba zai yi tsammanin dole abin ya karkace, amma gwanar maginiya ta kan fitar da tulu zagayayye sumul, sai ka ce da ma'auni aka yi shi.

In jikin ya ɗan sha iska sai a yi ado. A kan mirgina 'yar tufkakkiyar igiya ko ɗan sassaƙaƙƙen itace a jikin yumɓun don ya bar sawu, a kuma tsaga zane da wuƙa ko tsinke. A nan ne hannun Ladi ya fita daban. Ta kan raba jikin tulu gida-gida, ta sa ƙadangare a nan, kunama a can, da kada, da hawainiya, da maciji, da kifi, da tsuntsu, kowanne ya zauna daidai cikin gidansa ba tare da ya matsi ɗan'uwansa ba. Daga nan a shanya, a tara tukwanen a fili, a rufe da itace da ciyawa, a cinna wuta.

Tun kafin wani Bature ya san da ita, sunanta ya riga ya zagaya ƙasar. Sarkin Abuja Alhaji Sulaimanu Barau, wanda ya yi sarauta daga 1944 zuwa 1979, kuma wanda aka sa wa Suleja sunansa, ya tara tukwanenta a gidansa don ado. Wannan abin lura ne ƙwarai, domin wasu masu ba da labari su kan nuna kamar Turawa ne suka gano ta. Mutanenta ne suka fara sanin darajarta, kuma a gidan Sarki ne baƙo ya fara ganin aikinta.

Makarantar ginin tukwane ta Abuja

Baƙon nan shi ne Michael Cardew, wani maginin tukwane ɗan Ingila wanda gwamnatin mulkin mallaka ta ɗauka aiki a 1950 don ya duba yadda za a kyautata wannan sana'a a Nijeriya. Ya zagaya ƙasar Arewa yana duba yumɓu da aikin magina, daga bisani ya zaɓi Abuja, saboda akwai yumɓu mai kyau da itacen wuta da ruwa, ga kuma goyon bayan Sarki. Aka buɗe makarantar koyon ginin tukwane a farkon shekarun 1950. Abin mamaki, ko da yake sana'ar ta mata ce a wannan ƙasa, ɗaliban farko duk maza ne, domin a ganin hukuma ta lokacin aikin inji da albashi na maza ne. Sai a 1954 Ladi ta shiga, ita ce mace ta farko.

A can ta koyi gini a kan faifan juyi, ta koyi shafa wa kwanoni ruwan ƙyalli, da gashi a rufaffiyar matoya mai tsananin zafi. Ta yi kwanoni da kofuna da butoci irin na makarantar. Amma ba ta bar ginin hannu ba. Ta ci gaba da gina manyan tuluna yadda ta koya a Kwali, sai dai da yumɓun makaranta, a cike zanen da farar ƙasa, a shafe shi da ruwan ƙyalli, a gasa a matoya.

A nan akwai abin da ya kamata a tsaya a duba. Tulun gargajiya yana da ƙananan ƙofofi a jikinsa waɗanda ido ba ya gani. Ruwa ya kan tsattsafo ta cikinsu, iska ta busar da shi, shi ya sa ruwan randa ke da sanyi ko da rana ta take. Tulun da aka shafe da ruwan ƙyalli aka gasa da wuta mai tsanani ya kan toshe, ya yi nauyi, ba ya sanyaya ruwa, ba kuma mai iya ɗaukarsa zuwa rafi. Watau tulunan da suka kai sunan Ladi ƙasashen waje sun daina aikin tulu, sun koma abin kallo. Waɗanda ke aikin tulu na gaskiya, waɗanda ke bayan ɗakunan mata a Kwali da Paiko da Minna, su ne ba a san masu ginin su ba. Masana sun yi ta muhawara a kan ko wannan canji ci gaba ne ko asara. Abin da ya fi kama da gaskiya shi ne an samu, an kuma rasa, kuma bai kamata murnar samun ta rufe maganar rashin ba.

Wani ƙaramin abu kuma ya faru a makarantar wanda ya fi duk sauran tasiri ga maganar da ake yi. Al'adar wurin ita ce kowane magini ya buga hatiminsa a gindin abin da ya gina, kusa da hatimin makaranta mai ɗauke da sunan Abuja da rubutun ajami. Hatimin Ladi haruffa biyu ne, LK. Saboda waɗannan haruffa, duk inda tukunyarta ta je, a Landan ko a Amurka, ana iya juya ta a ce wannan aikin wance ne. Ɗaruruwan mata a ƙasar Gbagyi da ta Nufe da ta Hausa sun yi gini mai kyau a zamaninta, wataƙila wasu sun kusa kai ta, amma ba su da hatimi.

Yadda sunan ya yaɗu

An nuna aikinta a wani gidan baje koli da ake kira Berkeley a Landan cikin 1958 da 1959 da 1962. Ita kanta ta je Ingila ta yi gini a gaban ɗalibai da malamai, ta kuma zagaya Amurka a 1972 tare da Cardew. Ba ta yi karatun boko ba, amma in ta fara zagaya tukunya ba a bukatar tafinta. Aka ba ta lambar girma ta Ingila, MBE, a 1963. Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya ta ba ta digirin girmamawa na dakta a 1977. A 1980 ta sami lambar yabo ta ƙasa wadda ake ba waɗanda suka yi fice a ilmi da fasaha, a 1981 kuma aka ba ta lambar OON. A farkon shekarun 1980 aka sa wa makarantar ta Suleja sunanta, kuma akwai titi mai sunanta a Abuja.

Shigarta makarantar ta buɗe wa wasu mata ƙofa. Halima Audu, da Asibi Ido, da Kande Ushafa, da Lami Toto duk sun biyo bayanta, kowacce da hatiminta, shi ya sa ake iya ambatonsu a yau. A 1974 wata ɗaliba 'yar ƙasar Kenya, Magdalene Odundo, ta zo Abuja ta koyi ginin hannu a wurin waɗannan mata, daga baya ta zama ɗaya daga cikin shahararrun magina na duniya. A 2022 aka yi wani baje koli a Landan a kan baƙaƙen mata da sana'ar yumɓu, aka fara shi da tukwanen Ladi Kwali, aka bi sawu har zuwa 'yan matan wannan zamani.

Hotonta ya hau naira 20 ne a watan Fabrairu na 2007, shekara 23 bayan rasuwarta, lokacin da Babban Bankin Nijeriya ya sake fasalin ƙananan takardun kuɗi, ya buga ta naira 20 a kan leda.

Ba Nijeriya kaɗai ba

Wannan magana ta sunayen baƙaƙen mata a kan kuɗi ta taso a ƙasashe da dama, domin kuɗi shi ne hoton da ke shiga kowane gida ba tare da sallama ba. Malawi ta sa Rose Chibambo, 'yar gwagwarmayar neman 'yanci, a takardar kwacha 200 cikin 2012. Kanada ta sa Viola Desmond a takardar dala 10 cikin 2018. Ita ce baƙar matar da aka kama a 1946 don ta ƙi tashi daga wurin zaman da aka keɓe wa farar fata a gidan silima. A Amurka an ba da sanarwa a 2016 cewa za a sa Harriet Tubman, wadda ta kuɓutar da bayi, a takardar dala 20, sai aka yi ta jan ƙafa. A 2022 ne hoton marubuciya Maya Angelou ya fito a kan kwabbansu.

A waɗancan ƙasashe na Turawa launin fata ne babban shinge. A nan gida kuwa kowa baƙi ne, saboda haka shingen na wani iri ne: mace ce, 'yar ƙauye ce, ba ta yi boko ba, sana'arta ta hannu ce. Ladi Kwali ta haɗa duka huɗun. A 2012 Babban Banki ya kawo shawarar buga takardar naira 5,000 mai hotunan Margaret Ekpo, da Funmilayo Ransome-Kuti, da Hajiya Gambo Sawaba ta Zariya, wadda ta sha ɗauri saboda neman 'yancin matan Arewa a jam'iyyar NEPU. Jama'a suka yi ta suka don tsoron hauhawar farashi, gwamnati ta dakatar da shirin, takardar ba ta fito ba.

A majalisa da kotu

Matan Arewa ba su sami damar jefa ƙuri'a ba sai a zaɓen ƙananan hukumomi na 1976, alhali 'yan'uwansu na Kudu sun fara tun shekarun 1950. Daga lokacin zuwa yanzu Jihar Neja ta fitar da matan da aka san su da sunayensu. Mai Shari'a Fati Lami Abubakar ta zama Babbar Jojin jihar daga 2013 zuwa 2016. Hajiya Zainab Abdulƙadir Kure ta wakilci Neja ta Kudu a Majalisar Dattawa daga 2007 zuwa 2015. Hajiya Maryam Babangida, wadda ta kafa shirin kyautata rayuwar matan karkara a 1987, a Minna aka binne ta a watan Disamba na 2009. Amma lissafin ƙasa baki ɗaya bai yi daɗi ba. Manufar gwamnati ta 2006 ta nemi a ba mata kashi 35 cikin 100 na muƙamai, amma a ƙarshen 2023 mata huɗu ne kacal cikin sanatoci 109.

Abin da ake bukata daga jama'a da hukumomi

Ba kowace mace za ta hau takardar kuɗi ba, kuma ba shi ne abin da ake nema ba. Abin da ake nema ƙarami ne, kuma yana hannun ma'aikatan da ke hulɗa da mata kullum. Malamin gona ko jami'in ƙungiyar gama-kai da ke rubuta sunayen masu sana'a, ya rubuta sunan matar da ke yin aikin, kada ya sa na mijinta ko na ɗanta a madadinta, domin sunan da ke cikin littafi shi ne ke karɓar rance da taki da horo. Mai ɗaukar hoto na jarida ko na ma'aikata ya nemi izinin mace kafin ya ɗauke ta. In ta yarda, ya tambayi sunan da take so a rubuta, in kuwa ba ta so, ya girmama ra'ayinta. Addini da al'ada ba su hana wannan ba. Nana Asma'u 'yar Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ta rasu tun 1864, kuma saboda an adana rubuce-rubucenta da sunanta ne har yau ake karanta su.

Masu shirya baje kolin kayan sana'a a jihohi da ƙananan hukumomi su tabbata kowace tukunya da kowane zane yana da 'yar takarda mai sunan wadda ta yi shi da garinsu. Matan da ke ginin tukwane a Tatiko ta ƙasar Paiko, da masu man kaɗe, da masu saƙa, ana shawartarsu su zaɓi wata alama tasu ta kansu su riƙa sawa a jikin kayansu. Ba sai an iya rubutu ba. Ɗan itace da aka sassaƙa wa alama ya isa hatimi. Yana taimaka wa mai saye ya dawo wurin wadda ya ji daɗin kayanta, yana kuma hana ɗan kasuwa ya sayar da aikin wata da sunan wata.

Akwai kuma aikin da ya rataya a wuyan malaman makaranta, kuma yana da gaggawa. Darajar naira 20 ta faɗi ƙwarai a 'yan shekarun nan, har ta fara wuyar gani a kasuwa, yara da yawa suna tasowa ba su cika riƙe ta ba. Malamin firamare da ya sami guda mai kyau ya kai ta aji, ya sa yara su juya bayanta su karanta sunan da ke jiki. In makarantar tana ƙasar da ake ginin tukwane, ya tura su gida su tambayo sunan wadda ta gina randar da suke shan ruwa a cikinta, da sunan wadda ta koya mata, su rubuto a littafi su kawo.